Sai Baba Ta Gani: Ta Ina Ake Ƙalubalantar Dakatarwa Daga Aikin Gwamnati?

Takardar dakatarwa ba ta cika wuce sakin layi biyu ba. Na farko ya ce ana zarginka da aikata ba daidai ba. Na biyu ya ce ka miƙa makullai da katin shaida da duk kayan gwamnati da ke hannunka ga na ƙasa da kai, kada kuma a sake ganin ƙafarka a harabar ofis sai an neme ka. Masinja ya kawo, ka sa hannu a littafinsa, kafin a tashi aiki an cire ka daga zauren WhatsApp na ma'aikata. Wanda jiya yake rige-rigen karɓar jakarka, yau da ya hango ka sai ya kara waya a kunne, alhali babu wanda ya kira shi.

A daren ranar, abin da yawancin mutane ke yi shi ne su zauna su cika shafi goma suna rantsuwa ba su taɓa ko ƙwandala ba. Ba laifinsu ba ne, zuciya ce. Sai dai an bar jaki ana dukan taiki. Tambayoyi biyu ne a gaban mutumin, kuma ba wuri ɗaya ake amsa su ba. Ko ya aikata abin da ake zargi, wannan ta kwamitin ladabtarwa ce, ranarta na zuwa. Ko an dakatar da shi bisa ƙa'ida, wannan ita ce ta yau. Mutum zai iya kasancewa ɓarawo na gaske amma dakatarwarsa haramtacciya ce, wani kuma tsarkakakke ne amma dakatarwarsa ta halatta. Alƙalin da aka kai wa ƙarar dakatarwa ba zai buɗe littafin sito ya ƙirga kwalayen magani ba. Takardar zai duba, da wanda ya sa mata hannu, da dokar da ya dogara da ita, da kuma kwana nawa aka yi tun daga ranar.

Abin da ke rikita maganar shi ne suna ɗaya ake kiran abubuwa biyu da shi. Akwai dakatarwar horo, wadda ake yankewa bayan an gama bincike an same ka da laifi: je ka gida wata ɗaya babu albashi. Wannan hukunci ce, kuma ba a yin ta sai an ji ta bakinka. Akwai kuma dakatarwar riga-kafi, wadda ake yi kafin a tabbatar da komai, don kada mai zargi a kansa ya ɓatar da fayil, ko ya tsorata shaidu, ko ya ci gaba da riƙe kuɗin da ake tuhumarsa a kai. Dokokin ƙasashe da yawa sun dage cewa ta biyun ba hukunci ba ce, kuma a kan wannan dagewar aka gina kusan duk abin da ya biyo baya.

Shi ya sa hujjar da kowa ke fara ɗagawa, wato "ai ba a ji ta bakina ba", ta fi rauni a nan fiye da yadda ake zato. Gaskiya ne ƙa'idar jin ta bakin mutum tana da ƙarfi a aikin gwamnati. A 1963 kotun ƙolin Birtaniya ta wancan zamani ta soke korar shugaban 'yan sandan Brighton, a shari'ar Ridge da Baldwin, saboda an sallame shi ba tare da an gaya masa laifinsa ko an ba shi damar magana ba. A 1985 Kotun Ƙolin Amurka ta faɗi makamancin haka a shari'ar Loudermill. Amma duka biyun kora ce. Da maganar dakatarwa ta zo, sai harshen kotuna ya yi laushi. A 1997, a shari'ar Gilbert da Homar, wani ɗan sandan wata jami'ar gwamnati a jihar Pennsylvania ne aka kama a samamen miyagun ƙwayoyi, jami'ar ta dakatar da shi nan take babu albashi. Kotun Ƙolin ta ce ba dole ne a saurare shi kafin dakatarwar ba, tunda kamu da gurfanarwa sun isa shaida cewa ba haka kawai aka taso masa ba. A 2019 Kotun Tsarin Mulkin Afirka ta Kudu, a shari'ar Long, ta ce dakatarwar riga-kafi ba ta buƙatar a fara jin bahasin ma'aikaci. A Faransa ma haka ne, ana ɗaukar ta matakin kiyayewa kawai.

To amma a lura da abin da kowace kotu ta ɗaura a wutsiyar hukuncinta, don nan ne naman yake. Ta Afirka ta Kudu ta jingina maganarta a kan cewa akwai dalili mai kyau kuma ana biyan mutumin cikakken albashinsa. Ta Amurka ta ce in ba a saurare shi kafin ba, to a saurare shi ba da jimawa ba, har ta mayar da shari'ar ƙasa a duba ko an yi jinkiri, domin an janye tuhumar ɗan sandan cikin kwanaki kaɗan amma dakatarwar ta ci gaba. Faransa ta bar wa ma'aikaci albashinsa, ta kuma ba hukuma wata huɗu kacal. Wato an yafe wa gwamnati sauraro a farko ne bisa sharaɗin abin ba zai yi tsawo ba kuma ba zai yi ciwo ba. Ranar da ɗaya daga cikin sharuɗɗan nan ya karye, uzurin "ai ba hukunci ba ne" ya karye tare da shi. Ta wannan tsagar ake shiga.

Ni dai ban taɓa gamsuwa da cewa dakatarwa ba ta taɓa mutum ba. Ba cinya ba ƙafar baya. Maƙwabta ba sa karanta dokar aikin gwamnati, abin da suka sani shi ne wane ya daina fita da safe. Alƙalan Ingila ma sun zo kan wannan. A 2000 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta duba shari'ar Gogay, wata ma'aikaciyar gidan renon yara na ƙaramar hukumar Hertfordshire. Wata yarinya mai matsalar fahimta ta yi wasu maganganu marasa kan gado game da ita, hukuma ta yi wuf ta dakatar da ita da takardar da ke ambaton zargin lalata. Bincike ya gama bai samu komai ba, amma kafin nan matar ta kamu da ciwon damuwa mai tsanani. Kotu ta ce an yi gaggawar da babu tunani a ciki: me ya hana a mayar da ita wani sashe, ko a ba ta ɗan hutu, kafin a tantance ko ma akwai zargi na gaske? Aka ba ta diyya. Sai dai kada a ɗauka ƙofa ta buɗe gaba ɗaya. A 2019, a shari'ar wata malamar firamare a Lambeth, cikin birnin Landan, da aka zarga da amfani da ƙarfi a kan yara biyu, kotun ta ce ba sai hukuma ta nuna dakatarwar ta zama tilas ba, ya isa ta nuna tana da dalili mai ma'ana. Tsakanin waɗannan hukunce-hukunce biyu akwai fili mai faɗi, kuma abin da ke raba su shi ne ko akwai alamar wani ya zauna ya yi tunani kafin ya sa hannu.

Maganar sa hannu ta kawo mu ga hujjar da ta fi kowace saurin kayar da dakatarwa, kuma ita ce aka fi mantawa. Ma'aikacin kamfani yarjejeniya ce tsakaninsa da mai kamfani. Ma'aikacin gwamnati kuwa, a mafi yawan lokuta doka ce ta kafa kujerarsa, ita ta faɗi wanda zai iya taɓa shi da yadda za a taɓa shi. Kotun Ƙolin Najeriya ta tabbatar da wannan bambanci a shari'ar Shitta-Bey a 1981 da ta Olaniyan da Jami'ar Legas a 1985: wanda doka ta tsare aikinsa ba bawan wani ba ne, in aka kauce wa matakan da aka shimfiɗa, abin da aka yi kamar ba a yi ba ne. Saboda haka kafin komai a duba ƙasan takarda. Darakta ne ya sa hannu alhali ikon na babban sakatare ne? Babban sakatare ne alhali matakin albashin mutumin ya wuce abin da hukumar kula da ma'aikata ta wakilta masa? Shugaban riƙo ne, ko minista, alhali dokar wurin ta ce majalisar gudanarwa? Jami'in da aka wakilta wa iko ba ya sake wakilta shi ga wani sai doka ta yarda. Sau tari takarda na ɗauke da "an umarce ni in sanar da kai", to wa ya yi umarnin, a wane zama, ina rubutaccen bayanin zaman? Tambaya ce mai sanyi, ba ta da daɗin faɗa kamar "ƙarya ake mini", amma ita ke sa lauyan gwamnati ya fara gyaran murya.

Manya ma wannan tambayar ce ke ɗaure su. Ranar 20 ga Fabrairun 2014 Shugaba Goodluck Jonathan ya dakatar da Sanusi Lamido Sanusi daga kujerar gwamnan Babban Bankin Najeriya bisa zargin sakaci da kuɗi, a lokacin Sanusi yana wurin taro a Yamai. Da Sanusi ya je kotu, ba lissafin banki ya kai ba. Cewa ya yi dokar bankin ta 2007 ta ce shugaban ƙasa ba ya cire gwamna sai da goyon bayan kashi biyu cikin uku na Majalisar Dattawa, ba ta kuma ambaci dakatarwa ba. Gwamnati ta ce ai dakatarwa daban, cirewa daban, kuma akwai tsohuwar ƙa'idar fassara doka da ke cewa mai ikon naɗawa yana da ikon dakatarwa. Tambaya ce mai kyau ƙwarai, amma ba ta samu amsa ba. Babbar Kotun Tarayya ta Abuja ta ce ba huruminta ba ne, rikicin aiki ne, tun gyaran tsarin mulki na 2010 kuwa irin wannan na Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ne, ta tura fayil can. A watan Yuni ya zama Sarkin Kano, daga baya aka janye ƙarar. In mai manyan lauyoyi zai iya ɓata wata uku a ƙofar da ba tasa ba, ina ga akawun da ke neman rancen kuɗin shigar da ƙara?

Sai kuɗi. Nan ƙasashe suka rabu sosai, don haka babu abin da zai maye gurbin karanta ƙa'idar wurin da mutum yake aiki. A Indiya wanda aka dakatar yana karɓar alawus na rufin asiri, kimanin rabin albashi a wata ukun farko, sannan a duba a ƙara ko a rage gwargwadon wanda ke jawo jinkiri. Kotun Ƙolin ƙasar ta taɓa rusa binciken ladabtarwa ɗungurungum saboda an hana mutum wannan alawus har ya kasa halartar zaman. Dokokin aikin gwamnatin tarayyar Najeriya sun tanadi iri biyu: wadda ake ba mutum aƙalla rabin albashi yayin da ake bin shari'arsa, da wadda ake tsayar da albashin gaba ɗaya idan an ga alamun babban laifi ƙarara. Ofisoshi kan cakuɗa su, su ambaci ta farko a takarda su aiwatar da ta biyu a wurin biya. Ƙa'idar da aka fi yarda da ita a ko'ina ita ce ba a taɓa albashin mutum sai akwai rubutaccen izini a doka ko a sharuɗɗan aikinsa. In babu, ko da dakatarwar ta tsaya, kuɗin bashi ne a kan gwamnati.

A ganina tsayar da albashi kafin a tabbatar da laifi shi ne wurin da tatsuniyar "ba hukunci ba ne" ke tonuwa. Mutumin da aka hana shiga ofis, aka hana albashi, kuma har yanzu ma'aikaci ne don haka ba shi da izinin kama wani aikin, gaba kura baya siyaki. Bayan wata shida zai sa hannu a kan duk abin da aka miƙo masa.

Lokaci shi ne makamin da hukuma ta fi amfani da shi, domin ba ya buƙatar sa hannun kowa. A bar fayil a durowa kawai. Shugaban kwamiti ya tafi kwas, sakatare ya yi ritaya, an yi canjin gwamnati. Shi ya sa dokoki masu hankali suka sa wa'adi. Na Faransa wata huɗu ne, in ya cika ba a yanke komai ba, sai a mayar da mutum bakin aiki, sai fa in yana fuskantar shari'ar laifi a kotu. Ƙa'idar ladabtarwa ta aikin gwamnatin Afirka ta Kudu ta ce a zauna sauraro cikin kwana 60. A Indiya dole a sake duba dakatarwa kafin kwana 90, kuma a 2015, a shari'ar Ajay Kumar Choudhary, wani jami'in filayen ma'aikatar tsaro da aka yi ta sabunta dakatarwarsa tun 2011, Kotun Ƙoli ta ce kada a wuce wata uku ba a miƙa wa mutum takardar tuhuma ba, in kuma an miƙa, duk ƙarin wa'adi sai da rubutaccen dalili. Dokokin jami'o'in tarayyar Najeriya sun ba majalisar gudanarwa wata uku ta duba, in ta tsawaita, wasu ukun ta yanke. Duk wanda aka dakatar ya kamata ya san wannan lamba kamar yadda ya san lambar fayil ɗinsa, ya kuma rubuta takarda washegarin cikarta. Dakatarwar da ta fara da halal tana iya haramta da tsufa, kuma wannan hujja ce da ba ta buƙatar shaida ko ɗaya sai kalanda.

Agogon nan kuwa baki biyu gare shi. Yayin da mutum ke zaune yana jiran a tausaya masa, yana aika dattawa wurin mai gida, nasa wa'adin na ƙarewa. A Faransa wata biyu ne a kai ƙara kotun harkokin mulki. A Afirka ta Kudu kwana 90 ne a kai kukan dakatarwar zalunci. A Najeriya akwai tsohuwar dokar kare jami'an gwamnati mai wa'adin wata uku, kotuna sun yi ta saɓani a kan ko ta shafi rikicin aiki, mai hankali ba zai jira a gwada a kansa ba. Wasu hukumomin kuma dokarsu ta ce sai an ba su sanarwar wata guda kafin a maka su. A gefe guda, alƙali zai tambaya ko an bi hanyoyin ɗaukaka kuka na cikin gida. Dabarar ita ce a yi biyun a tare: a shigar da kuka a rubuce, a karɓi kwafi mai hatimi da kwanan wata, ido kuma na kan ranar da ƙofar kotu za ta rufe. Alkawarin baki na "ka yi haƙuri, ana dubawa" ba ya tsayar da ƙirge. Ihu bayan hari ya kashe ƙararraki masu kyau da yawa.

Bita da ƙulli fa? Kusan kowa da aka dakatar yana da labarinsa, kuma sau da yawa gaskiya ne: ya ƙi sa hannu a wata takardar biya, ko ya tona wani abu, ko yana takarar kujera da ɗan gaban goshi. Matsalar ita ce mugun nufi ba ya barin rasit. Abin da ake iya nunawa shi ne jeri. Ranar kaza ya rubuta ƙorafi, bayan mako biyu aka tono zargin shekara uku da ta wuce. Mutum huɗu suka sa hannu a takarda ɗaya, shi kaɗai aka kora gida. Wanda ya kai ƙara shi ne kuma ya zauna a kwamitin bincike. Wannan na ƙarshen kotuna ba sa wasa da shi, domin ba a zama mai ƙara kuma alƙali.

Adalci ya sa a faɗi ta ɗaya ɓangaren. Ma'ajin da ake zargi da ɓatan kuɗi ba a barin sa da makullin taska, malamin da ake zargi da taɓa yaro ba a barin sa a aji, kuma da an ce sai an yi cikakken sauraro kafin a ɗaga kowa daga kujera, da fayiloli da yawa sun kama wuta cikin dare. Dukiyar jama'a ce, yaran jama'a ne. Shi ya sa alƙalai ba sa son ba da umarnin gaggawa na a mayar da mutum ofis ana tsakiyar bincike. Sun fi sakin jiki da umarnin a biya shi, ko a kammala cikin kwana kaza. Wanda ya nemi abin da kotu za ta iya bayarwa ya fi kusa da samu.

Abubuwa biyu ke rusa mutum da hannunsa. Ɗaya ajiye aiki cikin fushi, kamar yadda malamar Lambeth ta yi a ranar da aka ba ta takarda. Wanda ya fita da ƙafarsa ya sauya shari'ar gaba ɗaya, ya kuma jefa fanshonsa cikin rigima. Ɗayan shi ne ƙin amsa takardar neman bahasi, ko ƙin zuwa gaban kwamiti, wai don dakatarwar haramtacciya ce. Hakan sabon laifi ne mai zaman kansa, kuma shi ba ya buƙatar bincike. A amsa cikin wa'adi, a taƙaice, a rubuta cewa amsar ba ta nufin an yarda da dakatarwar, a nemi kwafin takardun da aka dogara da su. In akwai 'yan sanda a maganar, kada a rubuta layi ɗaya sai lauya ya gani, domin abin da aka faɗa wa kwamiti yana iya bayyana a gaban alƙalin laifi. Wankewar kotu kuma ba kullum take rufe fayil ɗin ofis ba, tunda ma'aunin hujja a ladabtarwa bai kai na shari'ar laifi tsauri ba.

Ko an yi nasara, takardar dawowa ma gajeruwa ce, ba ta kai ta tafiya ba. Ba za ta ambaci ariyas ba sai an nema. Ba za ta ambaci jarrabawar ƙarin girma biyu da aka yi yana gida ba, ko cewa yaron da ya karɓi makullai a hannunsa yanzu shi ne shugaban sashe. Waɗannan sai an jera su ɗaya bayan ɗaya tun a takardar ƙara: cikon albashi da alawus, matsayinsa a jerin girma, lissafin watannin a cikin shekarun fansho, da cire takardar dakatarwar daga fayil. Abin da ba a roƙa ba kotu ba ta cika bayarwa ba, kuma takardar da aka bari a fayil tana nan tana jiran kwamitin ƙarin girma na gaba, wanda babu ko mutum ɗaya a cikinsa da ya san yadda maganar ta ƙare.